Sunanka sau bakwai a ƙarshen fim

Duk mai kallon ƙananan finafinai, irin waɗanda babu wani babban kamfani a bayansu, ya san abin nan. Fim ya ƙare sunaye sun fara hawa sama, labari wane, tsarawa wane, ɗaukar hoto wane, editin wane, furodusa wane, darakta ma wanen dai, kai wani lokacin har waƙar da take tashi a ƙarƙashin sunayen shi ya rera abinsa. Wasu dariya abin yake basu suce son a sani ne kawai. Ni kam baya bani dariya don nima cikin sana'ar nake, kuma nasan mafi yawan lokuta ba burga bace, babu ce. Babu kuɗin biyan mai kyamara sai ka ɗauka da kanka, edita ya ajiye aikinka a gefe saboda wanda ya fika biya ya shigo layi sai ka zauna ka koyi editin a YouTube, a haka a haka wata rana ka waiga ka ga kai ne oga kai ne yaron oga.

Yara masu tasowa suna yawan tambayata wai mutum ɗaya zai iya yin fim shi kaɗai? Zai iya mana, an yi kuma ana yi. Tun da Canon suka fitar da 5D Mark II a 2008, kyamarar hoto ce amma tana ɗaukar bidiyo mai kyau, ƙofar ta buɗe, yanzu ga manhajar DaVinci Resolve ana saukewa kyauta kayi editin kayi gyaran kala kayi gyaran sauti duk a waje ɗaya, ga wayar da ke aljihunka ma ta ishi wani. Toh amma ni tambayar ce bata min ba. Mutane suna ɗauka matsalar mai yin komai da kansa gajiya ce, rashin barci da ciwon baya, eh akwai su amma waɗannan da sauƙi. Abin da ba a faɗa shine ayyukan nan ba duka ne suke zaman lafiya a cikin kai ɗaya ba. Wasu abokan juna ne, in ka haɗa su aikin ma ya fi kyau. Wasu kuwa dama an raba su ne don su riƙa yiwa juna gardama, ranar da ka haɗa su a jikinka gardamar ta mutu, kuma fim ɗin ne zai biya kuɗin.

Bari in fara da labarin da kowa yake kawowa in ana wannan hira, na daraktan Amurka Robert Rodriguez. A farkon shekarun 1990 ya je wani gari a bakin iyakar Meziko ya ɗauki fim da kusan dala 7,000, wani kaso na kuɗin ma ya samo shi ne ta hanyar miƙa kansa ana gwajin magani a jikinsa, shi ya rubuta shi ya ɗauka shi ya bada umarni shi ya haɗa hoton, fim ɗin ya je bikin finafinai na Sundance a 1993 ya ci kyautar masu kallo. Har nan ake tsayawa a yi tafi. Amma ku ji sauran. Kyamarar da ya aro mai ƙara ce, tana gurnani in tana aiki, don haka bai iya ɗaukar murya da hoto lokaci ɗaya ba, sai ya ɗauki hoto tukunna sannan ya sa 'yan wasa su maimaita maganar ya naɗa a kaset, ya zo wajen haɗawa yana daidaita baki da murya da hannu, duk inda suka fara saɓawa sai ya yanka zuwa wani hoton. Yankan nan mai sauri da mutane suke yabo a matsayin salo, wani ɓangarensa ɓoye matsalar sauti ne. Sannan da kamfanin Columbia suka sayi fim ɗin sai da suka zuba kuɗin da ya ninka nasa sau da yawa wajen gyara sauti da mayar da hoton yadda zai hau babban allo. Wato abin da duniya ta kalla a silima ba aikin mutum ɗaya bane tsantsa. Wannan bai rage masa komai ba wallahi, ƙoƙarinsa ƙoƙari ne, amma yaron da ya ji rabin labarin ya ɗauki kyamara ya fita shi kaɗai an cuce shi.

Kuma kun ga inda abin ya fara tsagewa, sauti. Kullum nan ne. Mai kallo zai yafe maka hoto mai ɗan duhu, zai yafe rawar kyamara har ma ya ce salo ne, amma in yana cewa "me ta ce?" sau biyu sau uku shikenan ka rasa shi. Kuma sauti ba ruwansa da basirarka, lissafi ne, duk sanda ka ninka nisan makirufo daga bakin mai magana ƙarfin muryar yana faɗuwa da kusan desibel 6 a ma'aunin sauti, hayaniyar ɗakin kuwa tana nan yadda take bata ragu ba. Makirufon da ka ɗora a kan kyamara yana inda kyamara take ne, ba inda baki yake ba. Dole wani ya riƙe sandar nan a saman kan jarumi, dab da inda hoto ya ƙare, ya san wa zai yi magana gaba ya juya kafin ya buɗe baki, ga abin ji a kunnensa yana sauraron firij ɗin da ke kuka a ɗaki na gaba da jirgin da ke wucewa da rigar da ke gogar ƙaramin makirufon ƙirji. Kai da idonka yana kan allo bazaka ji ko ɗaya ba, ƙwaƙwalwa tace su take yi ta zubar, sai ka zauna editin cikin dare zaka ji su duka sun fito kamar dama jiranka suke. Sannan wa zai tuna ya ce kowa yayi shiru na minti ɗaya a naɗi shirun ɗakin kafin a tashi daga lokeshan? Ba darakta ba dai, shi hankalinsa yana kan rana da ke faɗuwa. Amma shirun nan da shi ake cike ramukan da ke tsakanin maganganu, in babu shi duk yanka sai an ji shi.

Ko darakta Sean Baker da ake ta misali da shi cewa ya ɗauki fim ɗinsa da ya fito a 2015 da iPhone 5s, hoton ne aka ɗauka da waya, muryoyin da kayan sauti na sosai aka naɗe su kuma da mai aikin sauti a wajen. Ba a cika faɗar wannan ba saboda baya da daɗin labari.

Kyamara da bada umarni kuma, nan ra'ayina a tsakiya yake. Akwai daɗi ka riƙe kyamara da kanka, ba sai ka fassara wa kowa abin da ke kanka ba, ka ga abu ka matsa ka ɗauka. In fim ne na gaskiya da ake bin mutane a rayuwarsu ma sau da yawa ya fi, mutum ɗaya da ƙaramar kyamara ana mantawa da shi, mutum goma da fitilu ba a mantawa. Amma in wasa ne da jarumai, toh ba a haɗa gudu da susar ɗuwawu. Kana lura ko fuskar ta fita tas, kana lura da gefen hoto kar sandar makirufo ta leƙo, kana lissafin batir, jaruma ta gama zubar da duk abin da ke cikinta ka ce kot, ta juyo tana kallonka tana jiran ka ce wani abu, kai kuma gaskiyar magana baka kalli wasanta ba, hotonta ka kalla. Sai ka ce "yayi kyau, mu sake ɗaya". 'Yan wasa ba wawaye bane, suna gane daraktan da baya kallonsu, kuma daga sun gane sai kowa ya koma yin abin da ya saba yi wanda ya san bazai kunyata shi ba.

Inda nafi so in daɗe shine editin, don nan ne mu masu yin komai muka fi yaudarar kanmu, kuma shine aikin da muka fi ƙin saki saboda baya buƙatar kowa, kai da kwamfuta ne kawai ba mai jiran a biya shi. Matsalar ita ce darakta yana da tulin tunani, ya tuna komai. Ya tuna fitowar nan ta saman bene sai da aka yi ta roƙon mai gidan, ya tuna an jira hasken yamma har aka kusa haƙura, ya tuna jarumin ba shi da lafiya ranar amma ya daure. Duk wannan wahalar tana manne da hoton a idonsa. Mai kallo kuwa bai je wajen ba, shi dai ya ga mutum yana tsaye a saman bene na minti biyu labari bai motsa ba. Editan da bai je lokeshan ba yana gani da idon mai kallo, zai ce maka cire, ka ce ka san wahalar da muka sha kuwa, ya ce ban sani ba kuma wanda zai kalla ma bai sani ba. Wannan rashin sanin nasa shine abin da kake biya. Walter Murch, ɗaya daga cikin manyan editocin Amurka, ya daɗe yana kan wannan ra'ayin cewa edita ya tsare idonsa daga abin da ya faru a wajen ɗauka ya ga abin da ke kan allo kawai.

Akwai kuma wata cuta ta biyu da ta fi wannan ɓoyuwa, kai ka san labarin. Ka san matar nan ƙanwar mutumin ce ba budurwarsa ba don kai ka rubuta, layin da ya bayyana hakan kuwa ka cire shi tun a yanka na uku saboda yana jan lokaci, kuma zaka kalli fim ɗin sau ɗari baka lura ba don kanka yana cike ramin da kansa. Sai ranar da aka haska wa mutane ka ga suna kallon juna.

Toh amma za a ce ai manya suna yi. Gaskiya ne. Steven Soderbergh shi yake ɗaukar finafinansa shi yake haɗa da yawansu, sai dai a sunayen ƙarshe zaka ga mai ɗaukar hoto Peter Andrews edita kuma Mary Ann Bernard, sunayen da ya aro daga mahaifinsa da mahaifiyarsa. 'Yan'uwan nan biyu Joel da Ethan Coen su ma sun ƙirƙiri wani edita mai suna Roderick Jaynes wanda babu shi a duniya, har sau biyu sunansa yana shiga takarar Oscar. Baker ɗin nan kuma a 2025 ya tashi da Oscar huɗu a dare ɗaya a kan fim ɗaya, na fim mafi kyau da na darakta da na rubutu da na editin. Don haka ban ce haramun bane. Amma ku duba da kyau, Coen su biyu ne, gardamar tana nan a ɗakin. Sauran kuma suna da furodusoshi da masu zuba kuɗi da mutanen da ake haska wa fim kafin ya fita, akwai masu ce musu a'a ta ko'ina. Kai da kake ɗakinka ƙarfe uku na dare wa zai ce maka a'a? Charlie Chaplin ma da ya mallaki komai, sutudiyo nasa kuɗi nasa, yana cikin waɗanda suka kafa kamfanin United Artists a 1919 don kar wani ya juya su, akwai fitowa ɗaya a fim ɗinsa na 1931 da ya ɗauka sama da sau 300. Shi yana da aljihun da zai ɗauki wannan kuma abin ya fito da kyau, mu in muka gwada sai dai fim ya mutu a cikin kwamfuta.

Wanda tsarinsa ya fi burge ni a wannan fannin Satyajit Ray ne na Indiya. Mutumin nan mai zane ne tun asali, shi yake rubuta finafinansa shi yake zana fitowa-fitowa har fosta shi yake yi. Amma bai kwashi komai rana ɗaya ba. Fim ɗinsa na farko a 1955 Ravi Shankar ne yayi kiɗan, sai 1961 ya fara tsara kiɗa da kansa, riƙe kyamara da hannunsa kuma sai wajen 1964, bayan ya shekara da shekaru yana tsaye kusa da gwanaye yana gani. Kuma duk da haka editansa Dulal Dutta yana nan tare da shi daga fim na farko har na ƙarshe. Mutumin da zai iya komai ya bar kujera ɗaya wa wani a ɗakin yanka, inaga ba don bai iya bane.

Haɗin da nake ganin yana da albarka shine marubuci da furodusa, in dai an yi shi da hankali. Shafi ɗaya na rubutun fim kusan minti ɗaya ne a allo, wanda ya san nawa kowane shafi zai ci baya rubuta "motoci goma suka biyo shi cikin ruwan sama", yana duba abin da yake da shi, gida ɗaya mota ɗaya jarumai uku masu kyau, ya gina labarin a kansu. Illarsa dai kar furodusan cikinka ya shigo da wuri, in tun a layin farko yana leƙen kafaɗarka yana cewa wannan da tsada wannan ma da tsada, zaka ƙare da mutum biyu zaune a kujera suna magana awa ɗaya da rabi. A bari marubucin ya gama haukarsa tukunna.

Sai aikin da ba mai sa shi a fosta, takardu. Kowane fuska da ta fito sai da sa hannu, mai lokeshan sai da sa hannu, wanda ya taimaka da rubutu ko da abokinka ne na ƙut da ƙut a rubuta waye mai labarin, don ranar da mai saye ya zo abin da zai fara tambaya kenan, ka nuna min fim ɗin naka ne daga tushe. Waƙa kuma haƙƙi biyu gareta, na wanda ya tsara ta da na wanda ya mallaki naɗin, ka samu ɗaya baka samu ɗaya ba kamar baka samu komai bane, YouTube ma da kansa zai kamo ta. Masu saye na waje zasu nemi sautin fim ɗin da aka ware muryoyi daban kiɗa da sauran ƙararraki daban don su iya ɗora wani harshe, in ka cakuɗa komai a layi ɗaya sai ka koma baya. Manyan bukukuwan fim da yawa kuma suna so ace a wajensu aka fara haskawa, in zumuɗi ya sa ka ɗora shi a intanet ka rufe wa kanka ƙofa. Wannan duk ba fasaha bace amma rabin sana'ar kenan, kuma ba sabon abu bane. Oscar Micheaux, baƙar fata a Amurka da ya fara fim a 1919 lokacin da ba mai buɗe masa ƙofa, gida gida ya bi yana sayar da hannun jari, yana ɗaukar finafinansa silima silima da kansa, a haka yayi sama da 40. Usman Sembene na Senegal da ya taɓa dako a tashar jirgin ruwan Marseille kafin ya zama marubuci ya je Mosko ya koyi fim, shi ma yawo yayi da finafinansa yana haskawa yana zama ana muhawara da masu kallo. Duk wanda ya ce shi mai fasaha ne talla ba aikinsa bane, toh ya nemi wanda zai masa, in babu kuwa aikinsa ne.

Wani abu kuma game da rayuwar kanta. Ka iya abu biyar amma kasuwa da suna ɗaya zata kira ka, kuma ita zata zaɓa ba kai ba. Yawanci wanda ya fi saurin kawo kuɗi ne, editin ko ɗaukar talla ko bidiyon waƙa. Kana cewa na ɗan lokaci ne in tara in yi nawa, shekara ta zagayo kowa ya sanka a matsayin edita, in ana neman darakta ba a tuna ka, in ka kai kanka wajen masu ɗaukar aiki ka ce ina rubutu ina ɗauka ina editin ina bada umarni sai su ji kamar ba ka ƙware a ko ɗaya ba. Ni shawarata a nan mai sauƙi ce, wa masu biya ka nuna fuska ɗaya wadda ka fi ƙarfi a kai, sauran ka ajiye wa aikinka. Kuma ba asara bace, wanda ya shekara yana haɗa hotunan wasu ya ga duk kurakuran da ake yi a lokeshan, ranar da ya tsaya a matsayin darakta ya san wane hoto ne edita zai yi kuka in babu shi, ya san yaushe ya samu abin da yake so ya wuce gaba. Kuma ba mai iya masa ƙaryar cewa abu bazai yiwu ba ko zai ci sati.

Gints Zilbalodis na ƙasar Latbiya ya yi fim ɗin zane mai tsawo a 2019 shi kaɗai tilo, zane da motsi da editin da kiɗa duk shi, kuma ku lura babu magana ko ɗaya a fim ɗin, wato ya kauce wa 'yan wasa ya kauce wa naɗar murya, ya zaɓi irin fim ɗin da mutum ɗaya zai iya. Na gaba da yayi da manhajar Blender ta kyauta wanda ya ci Oscar a 2025, na farko a tarihin ƙasarsu, da tawaga yayi shi daga Latbiya da Faransa da Beljiyam. Yana nan dai a rubutu da umarni da kiɗa amma motsin dabbobin wasu ne suka yi, sauti ma wani gwani ne daban.

Ni dai in kuɗin mutum ɗaya kawai gareni a fim na gaba mai sauti zan ɗauka, ba ma sai na yi tunani ba. In na biyu ya samu edita, ko da na sati biyun ƙarshe ne ya zo ya yanka abin da na kasa yankawa. In shi ma babu toh zan rufe aikin in bar shi wata guda ban buɗe ba, sannan in tara mutum biyar da basu karanta labarin ba kuma basa jin kunyata, in zauna a bayansu ba a gaba ba, ina kallon lokacin da hannu zai tafi aljihu neman waya in rubuta minti nawa ne. In an gama bazan tambaye su ko yayi kyau ba, zasu ce yayi. Zan ce ɗaya daga cikinsu ya bani labarin fim ɗin daga farko kamar ban taɓa ji ba.